Hular Kawu Laust

Torsklit, 9 ga Maris, 1954

Ejvind,

Gaisuwa da fatan kana lafiya, kai da maƙogwaron nan naka da kake lallaɓawa kamar jinjiri. Mu nan lafiya lau. Baba yana ɗan tari da safe amma yana cin abincinsa, ƙafar ce dai take hana shi sakat in iskar yamma ta taso. Ni kuwa ina nan yadda ka san ni: da safe in koya wa 'ya'yan masunta karatu, da yamma in ba iyayensu aron littattafan da ba sa dawowa sai suna ƙarnin kifi.

Takardarka ta iso. Sai da na sake karanta ta, don da farko na ɗauka idona ne ya fara lalacewa. Wai in lallaɓa in ɗauke hular Baba yana barci, in saya masa sabuwa, in aiko maka tsohuwar zuwa Kopenhagen, saboda telolin kamfaninku sun kasa ɗinka wadda za ta ɗare a tsakar ka yadda tasa take ɗarewa. Ka ce ta fim na uku ce.

Na san daga jarida cewa ka yi suna da fitowa a matsayin wani Tsoho Sivert, amma ban je na gani ba. Kada ka ga laifina. Shekara ashirin da wani abu ina hawa bas zuwa silimar Lemvig, in biya kuɗina, in zauna cikin hayaƙin taba, don kawai in ga ɗan ƙanwar ubana ya buɗe ƙofa ya ce, "An kawo mota, ranka ya daɗe," ya ɓace. Na gaji. To takardarka ta sa ranar Asabar na sake hawa bas ɗin.

Gani ya kori ji.

Sai ga tsoho ya fito yana jan ƙafar hagu, yana ɗan jefa kafaɗa kafin ƙafar ta biyo. Hula 'yar ƙarama a tsakar kansa kamar murfin tukunyar da ba nata ba. Ya sha giya ya yi mankas, ya faɗa ruwa shi da alade, aka tsamo su. Sai ya cire hular, ya leƙa cikinta kamar ya yar da wani abu, ya ɗago kai a hankali ya dubi jama'a ya ce, "Duk mun dawo?"

Silima ta ɗauka gaba ɗaya. Matar da ke kusa da ni tana ta dukan gwiwata tana hawaye don dariya. Ni kuwa ina zaune ina kallon ubana a bango, tsawonsa ya kai rufin ɗaki, a buge. Mutumin da ko a bikin aurensa bai ɗanɗana giya ba!

Ba abin da ka bari, Ejvind. Tarin da yake yi kafin ya yi magana, yadda yake shafa haɓa da bayan hannu, har yadda yake cewa "to" yana jan numfashi ciki. Ka iya, wannan ba zan hana maka ba, kuma shi ne abin da ya fi ba ni haushi. Da ka yi shi da ƙyuya da na yi shiru. Masu sharhi a jarida sun ce wai ka "haƙo mutumin gaɓar yamma daga zurfin tunaninka". Zurfin tunani! Daga kan teburinmu ka haƙo shi, inda ka ci dankalinsa da busasshen kifinsa tun kana ɗan shekara biyar har gemu ya fito maka.

Na karanta wasannin kwaikwayo fiye da waɗanda ka fito a ciki, na kuma san ɗan wasa ɓarawo ne, da idonsa yake sata. Amma ko ɓarawo yakan tsallake gidan da aka goya shi.

Hula ba za ta zo ba. In kanka na jin sanyi ka sa kwando.

Yayarka,
Thyra

Kopenhagen, 21 ga Maris, 1954

Yaya Thyra, malamar malamai,

Na gode da gaisuwa, da kwandon ma. Maƙogwaro da sauƙi. Ki gaishe mini da Kawu, ki shafa masa man nan da na sa a cikin ƙunshin, an ce yana taimakon ƙafa. Lemon naki ne, ko zai rage miki ɗacin baki.

Haba Yaya! Takardarki har ta ƙona mini yatsu. Sivert ba Kawu ba ne. Akwai ɗan Kawu a ciki, ban musa ba, amma akwai tsoho Peder mai gyaran koma, akwai mai gadin gidan wasanmu, giyar kuwa marubuci ne ya zuba ta, ba ni ba.

Ki tsaya ki ji nawa. Da na zo garin nan, malamin furuci toshiyar kwalba yake sa mini tsakanin haƙora, in yi ta karatu har muƙamuƙina ya yi tsami, wai sai ya cire mini harshen ƙauye. Ya cire. Me na samu? Ƙofa. Na buɗe ta a dandamali duk hunturu, in an rufe gidajen wasa da bazara in je in buɗe ta a fim. Na yi ɗan sanda na biyu, na yi gawa sau uku. Ran nan aka rasa wanda zai fito tsohon masunci na minti biyu, darakta ya ce, "Kai ba daga can kake ba? Yi mana wani abu." Ban shirya ba, wallahi. Ƙafata ce kawai ta fara ja da kanta, hannuna ya kai kan hula. Masu riƙe fitila suka fashe da dariya. Minti biyu ya zama fim biyu.

Shekarata arba'in da takwas, Yaya. Yanzu ne mahauci ya san sunana. Jiya direban taragon cikin gari ya tsaya mini a inda ba tasha. Kin san me wannan yake nufi ga wanda ya yi rabin rayuwarsa yana riƙe wa wasu riga?

Kuma wa zai gaya wa Kawu? Shi ba ya shiga silima, mutanen gidan addu'a ba sa shiga, Torsklit ko allon majigi babu. Abin da ido bai gani ba zuciya ba ta ƙuna.

Za mu fara ɗauka farkon Yuli, amma na roƙi darakta kwana biyu don cikar Kawu shekara tamanin. Zan zo da kofi mai kyau. Maganar hula ki sake tunani, ai ta tsufa, ke da kanki kina mita kullum kin gaji da yi mata faci.

Ƙaninki mai biyayya,
Ejvind

Torsklit, 16 ga Mayu, 1954

Ejvind,

Ina fata kana lafiya, domin ina so ka karanta wannan da cikakken hankalinka. Ni lafiyata ƙalau. Baba ba lafiya ba, kuma ba ƙafa ba ce.

Ka ce Torsklit ko allon majigi babu. Gaskiyarka. Zanen gado muke da shi. Ranar Asabar ta farkon wata wani mai majigi ya zo da 'yar motarsa, ya rataya zanen gado a zauren taro, ya haska Tsoho Sivert. Dattawan gidan addu'a ba su je ba, kamar yadda annabcinka ya faɗa. 'Ya'yansu ne suka je, jikokinsu kuma suka hau akwatunan kifi suka leƙa ta taga.

Ka san bencin nan na gindin rumfar jirgin ceto, inda Baba yake zama kullum da hantsi shi da Peder da sauran tsofaffi suna yi wa teku gulma. Ranar Litinin ya kama hanya kamar kullum. Wani ya ƙwala daga bayan shinge, "Duk mun dawo?" Baba ya tsaya ya waiga, har ya buɗe baki zai amsa, don ya ɗauka da gaske ake tambaya. Sai ya ga yara a bayansa sun yi layi, kowa ya ɗora hula a tsakar ka, kowa yana jan ƙafar hagu.

Ɗalibaina ne. Na ja kunnensu har hannuna ya gaji, na sa su rubutu har la'asar. Abin da na samu shi ne yanzu ba sa faɗa da baki, tari kawai suke yi in na juya baya, irin tarin nan.

Bai san inda abin ya fito ba sai da Oline matar mai kanti ta taimaka, Allah ya saka mata daidai aikinta. Ta tare shi a bakin kanti ta ce, "Kai Laust, ai kai yanzu ka fi sarki suna! Yaron nan naka ya ɗauke ka tsaf, har ƙafar. Ka ji daɗi, an san da kai a Kopenhagen!" Peder ya ce mata, "Oline, da bakinki koma ne da na ɗinke shi kyauta." Baba ya sayi ashanarsa ya dawo gida.

Da rana na kawo abinci. Ya zauna, ya cire hula, ya leƙa ciki. Na riƙe cokali ina jira in amsa "mun dawo" kamar yadda nake amsawa tun ina yarinya. Sai ya ɗora hular a gwiwa. Ka san Baba ba ya kai loma baki sai ya yi tambayar nan an amsa masa. To yanzu ba ya tambaya. Yana juya dankali a faranti kamar mai neman wani abu a ƙarƙashinsa, ya sha kofi, ya tashi. Benci kuwa bai sake zuwa ba. Yana zaune a ɗaki ya juya wa taga baya.

Tun da zurfin tunaninka bai kai nan ba, bari in tuna maka inda maganar nan ta fito. Watan Nuwamba ne, ina 'yar shekara bakwai. Jirgin katako ya kafe a kan yashi, mutanenmu suka fita da jirgin ceto, igiyar ruwa ta kife su. Baba ya fito da ƙafa a karye, yana rarrafe a bakin teku yana kama kowa yana tambaya, "Duk mun dawo? Duk mun dawo?" Ba duk suka dawo ba. Cikin waɗanda ba su dawo ba har da mijin ƙanwarsa, ubanka. Hunturu bai ƙare ba uwarka ta bi shi, Baba ya je ya ɗauko ka a kafaɗa da sandarsa.

Wannan maganar ka ba alade.

Ka ce za ka zo bikin tamanin da kofi mai kyau. Kada ka zo. Ka zauna can mahauci ya gaishe ka.

Thyra

Kopenhagen, 23 ga Mayu, 1954

Yaya Thyra,

Ina lafiya. Labarin Kawu ya hana ni cin abinci nima, in hakan zai yi miki daɗi.

Ba sai kin tuna mini ba. Ke kin san maganar daga bakin teku, ni na san ta daga kan tebur. Ina ɗan shekara biyar aka zaunar da ni kusa da ke a kan akwati don in kai faranti. Kawu ya cire hula ya ce, "Duk mun dawo?" Kowa ya ce, "Mun dawo." Ni ban ce ba, don ina ta kallon ƙofa. Inna matar Kawu ta taɓa ni a hankali ta ce, "Amsa mana, ɗana, abinci na hucewa." Na amsa. Safe, rana, dare, har na bar gidan. In ina so in ci, sai na fara cewa duk mun dawo, alhali ubana yana ƙarƙashin ruwa ƙasa da tafiyar minti goma daga teburin.

Ba wanda ya yi mini mugunta a gidan nan. Amma ba wanda ya taɓa kiran sunansa. A garinmu in mutum ya nutse sai a ce Ubangiji ya san abin da yake yi, a koma gyaran koma.

Ranar da na fara faɗin maganar a gaban fitilu aka yi dariya, ji na yi kamar an zare mini ƙaya daga maƙogwaro. Ban ce na kyauta ba. Na ce ki san ba daga sama na tsince ta ba, nima tawa ce, na biya.

Kin ce kada in zo. Na ji. Na gaya wa darakta ba na bukatar kwana biyun.

Ejvind

Torsklit, 4 ga Yuli, 1954

Kai Ejvind,

Lafiya dai? Ina tambaya ne domin wannan ita ce takarda ta uku, biyun farko kamar na jefa su rijiya. Har kanti na je na buga waya gidan da kake haya, Oline tana tsaye a kaina kunnenta ya yi tsawon na jaki. Mai gidan naka ta ce kana wurin ɗaukar fim, sannan ta ce, "Ke 'yar'uwar Sivert ce? Don Allah faɗi maganar nan in ji da muryarku ta can!" Na ajiye wayar kafin in shiga wuta.

Yanzu ka gaya mini, tun da aka haife ka yaushe ka taɓa jin maganata? Na ce kada ka hau rufin rumfa, ka hau ka karya hannu. Na ce kada ka bar koyon aikin kafinta, ka bari. Na ce kada ka auri mawaƙiyar nan, ka aura, ta tafi da fiyano. Sai yau da na ce kada ka zo, shi ne biyayya ta sauko maka? Kai da sana'arka ke nan, a ba ka layi ɗaya ka gano abin da ke ƙarƙashinsa! Mace ta rubuta maka shafi huɗu tana zaginka, ta ƙare da "kada ka zo", ka kasa gane me take cewa. Ba mamaki ka daɗe kana buɗe ƙofa.

Abin da ka rubuta na tebur na karanta. Ka yi gaskiya. Na faɗa sau ɗaya, kada ka sa ran na biyu. Amma gaskiyarka ba ta sa Baba ya ci abinci ba. In kana da magana da shi, shi za ka gaya wa, ba mutanen silima ba. Ka gaya wa ƙasa gaba ɗaya, ka tsallake mutum ɗaya da abin ya shafa.

Ya rame. Rigarsa ta zuwa coci na rage mata faɗi. Likita ya zo ya ƙwanƙwasa ƙirjinsa ya ce ba ya ganin komai, tsufa ne. Baba ya ce ba ya son biki, kada a ɗaga tuta, kada a yi waƙa. Maƙwabta kuwa ka san su, mata sun riga sun raba wa kansu kek ɗin da kowa za ta toya, Peder yana ta goge ƙahonsa. Za su zo ko da gawa za su yi wa busa.

Shekaranjiya ina wanke kwanuka ya ce daga bayana, "Yaron zai zo?" Shi ke nan abin da ya faɗa a kanka tun watan Mayu. Na ce ban sani ba. Ya ce, "To," ya ja numfashi ciki. Kai ka san yadda yake yi, ai kuɗi ake ba ka a kai.

Bikin ranar sha takwas ne, Lahadi. Ka gaya wa daraktanka alade ya riƙe masa fim ɗin kwana biyu, ba wanda zai lura. Ka zo. In kuma wannan ma yana bukatar fassara, ka kai wa mai gadin gidan wasanku ya karanta maka.

Thyra

Torsklit, 22 ga Yuli, 1954

Ejvind,

Ina fata ka isa lafiya, kuma ƙarnin motar kifin da ka tsere a ciki bai fita daga kwat ɗinka ba tukuna. Direban ya ba gari labari: wai ka yi kuka daga nan har Lemvig, shi kuma yana ta jira ka faɗi abin dariya. Mu nan lafiya. Karanta ka ji.

Na ga 'yan wasa iri-iri, amma ban taɓa ganin wanda ya faɗi layi mafi girma a rayuwarsa ya ruga da gudu kafin a ba shi amsa ba. Tun da ka biya kuɗin jirgi ka zo ka kalli rabin wasa, ga sauran.

Ka tuna yadda aka zauna. Fasto a dama, Peder da tsofaffin jirgin ceto a hagu, mata a tsaye da butocin kofi, yara sun cika taga suna ta takaicin wai Sivert na gaske ba ya ɗingishi. Ka shigo a makare da hular birni a hannu, ka ce, "Barka da shekara, Kawu," kamar mai karanta sanarwa. Baba ya nuna maka kujera. Aka yi addu'a. Sai ya cire hula ya leƙa ciki. Ya ɗago ya dube ka, kai kaɗai, ya yi tambayar da rabonsa da ita tun Mayu.

Ba wanda ya amsa, kowa yana tsoron kada dariya ta kuɓuce masa. Sai kai, da muryar nan da aka horar don ta kai kujerar ƙarshe: "A'a, Kawu. Babana bai dawo ba." Har kofuna suka amsa. Ka miƙe, ka ture kujera, ka taka wutsiyar kyanwa, ka fice.

Fasto ya fara gyaran murya zai yayyafa mana ruwan sanyi. Baba ya ɗaga masa hannu. Ya ce, "To. Madalla."

Oline ta ce, "Madalla kuma, Laust? Yaro ya ci maka fuska a gaban jama'a!"

Ya ce, "Shekara arba'in da 'yan kai ina tambaya, kowa yana ce mini mun dawo. Har na ɗauka ni kaɗai nake tunawa."

Sai ya fara kiran sunayensu. Ya fara da ubanka: Niels Kragelund. Ya kira na biyu, Peder ya karɓa ya ƙarasa. Tsofaffin nan da ban taɓa jin sun yi zancen ranar ba suka shiga gardama a kan wa ke riƙe da wace sandar tuƙi. Wata tsohuwa ta ajiye buta ta zauna a ƙasa. A taga kuwa, ɗaya daga cikin yaran nan masu kwaikwayon ɗingishi ya ji sunan kakansa a jerin, ya cire hularsa ya sa a aljihu.

Daga nan Baba ya jawo faranti. Ya ci kifi, ya ƙara, ya ci kek kala uku, ya ce wa Oline nata ya yi gishiri. Ni da na yi wata biyu ina dafa masa duk abin da na iya, ina roƙo, ina faɗa, ina kawo likita! Ashe abin da yake jira ke nan, wani ya ƙaryata shi a gaban fasto.

Ban gama ba. Ranar Litinin da safe ya miƙo mini hular ya ce, "Aika wa yaron."

Na ce, "Baba, don ya sa a yi maka dariya da ita?"

Ya ce, "Ba tawa ba ce. Ba ki ga ba ta taɓa shiga kaina ba? Na kai hannu na damƙi Niels, na ɗauka gashinsa na kama. Ita ta zo. Tawa ruwa ya tafi da ita, sai na sa wannan don sanyi. Daga baya kuma ban ga ranar da ta dace in cire ba."

Ejvind, tun ina budurwa nake yi wa hular nan faci. Na sake mata baki, na sake mata ciki, ban jin akwai zare ɗaya na asali da ya rage. Sau nawa na ce a ƙara mata faɗi ya ce a bar ta yadda take. Ba wanda ya ga ya dace ya gaya mini. Ku mazan gidan nan, ɗaya ya yi shiru shekara arba'in, ɗaya ya faɗa wa ƙasa gaba ɗaya, ni ce a tsakiya da allura.

Na tambaye shi fim ɗin fa. Na so ya ce a hana ka, na riga na shirya kalmomin da zan rubuta. Ya ce, "Sana'arsa ce, ya ci abinci. Tambayar ma ya riƙe, ni na sami amsa." Yanzu in an kawo abinci addu'a kawai yake yi ya ci. Ya koma benci, da sabuwar hula daidai kansa, har Peder bai gane shi ba daga nesa.

Ka gani, ka ci riba biyu: ga magana, ga hula, ni kuwa na tashi da ciwon kai. Tana cikin ƙunshin nan. Amma ka sani, za ta yi maka daidai, don ƙaramin kan ubanka ka gado, abin da ya bayyana mini abubuwa da yawa. Hular da ta zauna daidai kuwa ba ta ba kowa dariya.

Kada ka wanke ta da ruwan zafi.

Yayarka,
Thyra

Kopenhagen, 15 ga Agusta, 1954

Yaya,

Lafiya lau. Ki gaishe da Kawu, ki ce na ji, zan rubuta masa da kaina.

Hular ta yi mini daidai. Na je da ita wurin aiki, darakta ya dube ni ya ce, "Wannan ai hula ce kawai. Kawo 'yar ƙaramar." Na sa 'yar ƙaramar, aka tsamo ni daga ruwa, na leƙa ciki na faɗi maganar. Ba wanda ya yi dariya. Aka sake, aka sake, har alade ya gaji. Mai riƙe fitila ya juya baya yana fyace hanci. Darakta ya ce, "Me ya same ka? Da kana tambaya ne kamar wawa, yanzu kana tambaya kamar wanda ya san amsa." Sun cire layin, sun ba ni shaƙuwa a madadinsa. Ba a ƙara zancen fim na huɗu ba. Ina jin in hunturu ya zo zan koma ƙofata.

Ejvind

Torsklit, 20 ga Agusta, 1954

Ejvind,

Muna lafiya. Baba ya ƙara ƙiba, na sake buɗe rigar da na rage.

In buɗe ƙofa ne ya rage maka, ga tamu nan ta kumbura da damshi, tana bukatar gwani. Ka zo Kirsimeti, ka zo da hular a kanka. Wannan karon abin da na rubuta shi nake nufi.

Thyra